Kuɗi a hannun dama, almakashi a hannun hagu: siliman Iran da masu mulkinta

A daren 19 ga Agusta 1978 wasu mutane suka watsa mai a cikin gidan silima na Rex da ke Abadan, birnin matatar mai a kudancin Iran, suka ƙyasta ashana. 'Yan kallo suka ruga ƙofa, suka tarar ba hanyar fita. Aƙalla mutum 377 suka mutu, wasu ƙididdigar ma sun haura 400. Fim ɗin da ake nunawa a daren shi ne Gavaznha, wato Bareyi, na Masoud Kimiai, wanda kowa ya san cike yake da habaici ga gwamnati. Don haka da aka ce SAVAK, 'yan sandan ciki na Shah, sarkin Iran na lokacin, su suka sa wutar, jama'a ba su yi musu ba, kuma wannan gobara tana cikin abin da ya ingiza juyin juya halin 1979. Sai bayan an kafa Jamhuriyar Musulunci aka gurfanar da wani saurayi mai suna Hossein Takbalizadeh, wanda ya amsa da bakinsa cewa shi da abokansa ne, aka kashe shi a 1980 tare da wasu mutane. Yawancin masana tarihi a yau sun tafi a kan cewa masu zafin kishin addini ne suka yi aikin, domin a wurinsu gidan silima da gidan giya duk kanwar ja ce. Kafin ƙura ta lafa, gidajen silima kusan 180 aka ƙone ko aka lalata a faɗin ƙasar.

Shekara 19 bayan gobarar Abadan, a watan Mayu 1997, wani Ba'iraniye mai baƙin tabarau, Abbas Kiarostami, ya hau dandamalin bikin fina-finai na Cannes a Faransa ya karɓi kambu mafi girma na bikin. Yaya aka yi juyin da ya fara da ƙona silima ya goyi silimar da duniya ke cire wa hula?

Amsar da aka fi bayarwa ita ce takura ce ta haifi fasaha: an ɗaure daraktoci, sai suka koyi magana da zaurance. Akwai ƙamshin gaskiya a ciki, amma ni dai ban cika son wannan amsa ba. Da almakashi kaɗai ke haifar da fim mai kyau, da ƙasashe da yawa sun cika da gwanaye. Abin da ya bambanta Iran shi ne tun ranar farko gwamnati ce uwar silima, ita ke shayarwa, ita ke duka.

Ko kyamarar farko ma ta fada ce. A 1900 sarki Muzaffaruddin Shah ya je yawon Turai, ya ga majigi, ya sa mai ɗaukar hotonsa, Mirza Ebrahim Khan Akkasbashi, ya sayo na'ura, ya ɗauki bikin furanni a garin Ostend na Beljiyam. Gidan kallon jama'a da aka buɗe a Tehran a 1904 bai daɗe ba aka rufe shi, malamai na cikin waɗanda suka tsaya kai da fata a kan haka. Fim na farko mai magana da Farisanci kuwa, Dokhtar-e Lor, wato 'Yar Ƙabilar Lor, a Bombai ta Indiya aka yi shi a 1933, a kamfanin Ardeshir Irani, mutumin da ya yi wa Indiya nata fim mai magana na farko shekara biyu kafin nan. Labarin soyayya ne, amma ƙarshensa kirari ne ga Reza Shah, sarkin wancan zamanin: masoyan da suka gudu daga ƙasar saboda 'yan fashi sun dawo sun tarar sabon sarki ya gyara komai. Jarumar fim ɗin, Roohangiz Saminejad, ta sha tsangwama daga dangi da mutanen gari har ta bar harkar, ta ƙare rayuwarta ba wanda ya san da ita. A riƙe wannan, domin kan mace da abin da ke bisa kansa shi ne zaren da ya ratsa tarihin nan gaba ɗaya. A 1936 Reza Shah ya hana lulluɓi da ƙarfin tsiya, 'yan sanda na fizge wa mata mayafi a titi. A 1983 wata gwamnatin ta mai da shi dole da ƙarfin doka.

Bayan Yaƙin Duniya na Biyu, musamman bayan juyin mulkin 1953 da Amurka da Ingila suka ɗaure wa gindi aka kifar da Firayim Minista Mohammad Mossadegh, sai kasuwar fim ta buɗe. Wani mai sharhi, Houshang Kavoosi, ya laƙaba wa fina-finan lokacin suna don raini: filimfarsi, ma'ana fim ne da ba abin da ke cikinsa na Farisa sai harshen. Rawa da waƙa irin na Indiya da Masar, 'yar rawa a mashaya, ɗan tauri mai baƙar hula da ke kare mutuncin unguwa, attajiri mai baƙin ciki da talaka mai wadatar zuci. Wanda ya fi kowanne tashe shi ne Ganj-e Qarun na 1965, wato Dukiyar Ƙaruna, inda tsohon ɗan kokawa Mohammad Ali Fardin ya fito yana waƙa yana cin romo da albasa. 'Yan boko sun raina shi, talakawa sun yi layi. Ita kuwa gwamnati hankalinta kwance, tunda saƙon fim ɗin shi ne talaka ya gode wa Allah, mai kuɗi ma yana da nasa ciwon.

A gefe guda kuma kuɗin mai na shiga wani aikin. A 1965, da goyon bayan matar Shah, Farah, aka kafa cibiyar raya tunanin yara da matasa da ake kira Kanun. Sashenta na fim ne ya ɗauki Kiarostami, wanda ya yi gajeren fim ɗinsa na farko a 1970 kan yaro da burodi da kare a lungu. Kafin nan, a farkon shekarun 1960, mawaƙiya Forough Farrokhzad ta shiga wani sansanin kutare kusa da Tabriz ta fito da fim na minti ashirin da 'yan kai, Khaneh Siah Ast, wato Gidan Baƙi Ne, wanda har yau ake koyar da shi. Ta rasu a haɗarin mota a 1967 tana da shekara 32.

Fim ɗin da ya fi bayyana halin gwamnatin Shah shi ne Gav, wato Saniya, na Dariush Mehrjui, 1969. Wani baƙauye ne ke da saniya ɗaya tak a duk ƙauyen, yana son ta kamar 'yar cikinsa. Ya yi tafiya, saniya ta mutu, mutanen gari suka binne ta suka ce masa ta gudu. Bai yarda ba, ya tare a garke, ya fara cin ciyawa, har ya ce shi ne saniyar. Ma'aikatar al'adu ce ta ba da kuɗin yin fim ɗin, ita ce kuma ta hana nuna shi, saboda ƙauyen da ya nuna bai yi kama da Iran ɗin da Shah ke tallata wa duniya ba. Sai da aka liƙa rubutu a farkonsa cewa labarin ya faru ne tun kafin gyare-gyaren sarki. An fitar da shi ta bayan fage zuwa bikin Venice a 1971, ya ci kyautar masu sharhi. Duk abin da zai faru da darakta Jafar Panahi shekara arba'in gaba, ga samfurinsa nan tun zamanin rawanin Shah.

Ranar 1 ga Fabrairu 1979, ranar da ya sauka Tehran, Ayatullahi Khumaini ya yi jawabi a maƙabartar Behesht-e Zahra, ya ce shi ba ya gaba da silima, da alfasha yake gaba. An kuma ruwaito cewa ya ga Gav ya yaba. Wannan ne ya ba waɗanda ke son a ceto sana'ar abin kafa hujja. Duk da haka shekarun farko sun yi zafi. Taurarin da suka yi tashe a da an kira su kotu, an hana su fitowa. Behrouz Vossoughi yana waje bai dawo ba, Fardin ya zauna a gida har ya rasu a 2000, dubban mutane suka bi gawarsa. Tsofaffin fina-finan da suka rage a kasuwa kuwa, an bi su ana datsewa, wani lokacin ana shafe ƙafafun mata da baƙin alƙalami.

Canjin gaske ya zo ne bayan 1982, lokacin da wani malami mai sanyin hali, Mohammad Khatami, ya zama ministan al'adu da shiryarwar Musulunci, ma'aikatar da 'yan fim ke kira Ershad a taƙaice. A 1983 aka kafa gidauniyar Farabi ƙarƙashin Mohammad Beheshti. Ga abin da suka yi: suka tsuke shigowar fina-finan waje har fim ɗin Amurka ya kusa ɓacewa daga allo, suka rage wa fim ɗin gida haraji, suka riƙe shigo da ɗanyen fim da kayan aiki suna rabawa, suka ba da rance, aka haramta bidiyo na kusan shekara goma, aka kafa bikin fina-finai na Fajr da ake yi duk Fabrairu. Daga baya aka shigo da tsarin ba fim maki, wanda ke yanke a wane gidan kallo za a nuna shi da tsawon lokacin da zai yi. Darakta ya samu kasuwar da ba kishiya, ya samu jari. Ladan kuturu ne, kuma aski ya zama dole: a kai labari a duba, a kai sunayen 'yan wasa a amince, a kai fim bayan an gama, sannan a nemi takardar izinin nunawa. Ko'ina ana iya tsayar da mutum.

A nan ne dokar lulluɓi ta shigo ta sauya siffar fim ɗin kansa. Hujjar malaman ita ce duk ɗan kallo namiji ba muharramin jarumar ba ne, saboda haka dole ta rufe kai a kowace fitowa, ko a uwar ɗaka take, ko tashinta daga barci ke nan. Mata da miji a fim ba sa taɓa juna, tunda a zahiri ba aure tsakanin 'yan wasan. Ɗa ya dawo daga fagen fama bayan shekaru, uwa ba za ta rungume shi ba. Duk Ba'iraniye ya san ba haka ake zaune a gida ba, saboda haka duk fitowar cikin ɗaki ƙarya ce da darakta da ɗan kallo suka haɗu suka kau da kai a kanta. Wasu daraktocin suka ƙi yin ƙaryar, suka fice daga ɗakin baki ɗaya. Suka koma titi, ƙauye, bakin ƙofa, cikin mota, inda mayafi yake a muhallinsa. Suka koma ga yara, waɗanda za su iya riƙe hannun juna, su yi tambayar da babba ba zai iya yi ba. Fim ɗin Kiarostami na 1987, Ina Gidan Aboki?, labarin yaro ne da ya ɗauko littafin aikin gidan abokinsa bisa kuskure, yana ta zarya tsakanin ƙauyuka biyu don ya mayar, manya kuwa ba mai sauraronsa. Ba ka ce siyasa ba ce, ba ka ce ba ita ba ce. Majid Majidi ya yi Yaran Aljanna a 1997, wa da ƙanwa masu karɓa-karɓa da takalmi ɗaya, ya zama fim ɗin Iran na farko da ya shiga jerin ƙarshe na Oscar. Amma a lura, wannan salo na yara da 'yan wasan da ba ƙwararru ba, daga Kanun ya fito, gidan da matar Shah ta assasa. Juyin juya hali ya tarar da shukar ne, ya kashe ciyayin da ke danne ta, ya yi mata ban ruwa.

Yaƙin shekara takwas da Iraƙi, 1980 zuwa 1988, ya haifar da nasa reshen, wanda hukuma ke kira siliman kare kai mai tsarki. Morteza Avini ya bi mayaƙa da kyamara yana ɗaukar shirin talabijin, nakiyar da aka binne ta kashe shi a 1993 a tsohon fagen daga. Ebrahim Hatamikia ya fito daga wannan gida, ko da yake fim ɗinsa na 1998 kan tsohon soja da ya yi garkuwa da mutane a ofishin sayar da tikitin jirgi kuka ne a kan yadda aka manta da waɗanda suka ba da jininsu. Bahram Beyzai kuwa ya yi Bashu a 1986: yaro baƙar fata mai jin Larabci ya tsere wa bama-bamai daga kudu, ya faɗa hannun wata manomiya a arewa mai jin Gilaki, ba mai gane maganar wani. An riƙe fim ɗin shekara uku. Jarumar, Susan Taslimi, wadda ta kalli kyamara ido cikin ido a lokacin da ake son mace ta sunkuyar da kai, ta yi hijira zuwa Suwidin.

Mutumin da rayuwarsa ta fi kama da wannan tarihin shi ne darakta Mohsen Makhmalbaf. Yana ɗan shekara 17 ya daɓa wa ɗan sandan Shah wuƙa, ya yi sama da shekara huɗu a kurkuku, ya fito yana ganin tsofaffin 'yan fim a matsayin najasa. Shekara ashirin bayan harin ya haɗu da ɗan sandan nan, ya yi fim a kan abin da ya faru. A 2005 ya bar ƙasar, ya zama ɗaya daga masu sukar gwamnati da babbar murya.

Kambun Kiarostami na 1997 ma bai zo lami lafiya ba. Fim ɗin, Ɗanɗanon Ceri, kan mutum ne da ke yawo a mota yana neman wanda zai binne shi bayan ya kashe kansa, kuma sai a ƙurarren lokaci aka bari ya fita. A wurin karɓar kyauta jarumar Faransa Catherine Deneuve ta sumbace shi a kumatu, masu ra'ayin riƙau a gida suka yi ca. Kwana biyar bayan haka aka zaɓi Khatami shugaban ƙasa. Igiya ta ɗan saki. Mata daraktoci irin su Rakhshan Bani-Etemad da Tahmineh Milani suka taɓo saki, auren dole da zaman kurkuku, duk da cewa ita Milani an kama ta a 2001. A 2004 aka nuna Marmoulak, wato Ƙadangare, inda ɓarawo ya tsere daga kurkuku da rigar malami, mutane suka yi ta binsa salla. Ya kafa tarihin ciniki, aka sauke shi bayan 'yan makonni. Gwamnatin Iran ba murya ɗaya ba ce: ma'aikata ta ba da izini, kotu ko limamin Juma'a ko dakarun juyin juya hali su ce ba su san zance ba.

Akwai kuma abin da masu kallo daga waje kan manta. Fina-finan da ke cin kyauta a Turai ba su ne mutanen Tehran ke layi a kansu ba. Barkwanci ne ke cika gidajen kallo. 'Yan ra'ayin riƙau suna da kalma ta musamman ga daraktocin bukukuwa, siyah-namayi, wato shafa wa ƙasa baƙi don a burge Bature. Ita hukuma tana da nata fina-finan masu tsada. Shirin Annabi Yusuf mai kashi 45 na Farajollah Salahshoor, wanda aka fara nunawa a 2008, shi ne ƙofar da Hausawa da yawa suka san fim ɗin Iran ta cikinta, kuma gidan talabijin na gwamnati ne ya yi shi. Wanda ya san rigimar 'yan fim da hukumar tace fina-finai ta Kano, da aka kafa a 2001, zai ga kama a batun taɓa juna da sutura. Bambancin shi ne a can mai almakashin ya zo da jakar kuɗi, da makaranta, da katangar da ta tare fim ɗin waje.

Zaɓen 2009 da zanga-zangar da ta biyo baya su suka tsinka yarjejeniyar da ke tsakanin gwamnati da 'yan fim. An kama Panahi a Maris 2010, a Disamba aka yanke masa shekara 6 a kurkuku da haramcin yin fim na shekara 20. Ya zauna a falonsa ya ɗauki kansa yana karanta labarin fim ɗin da aka hana shi yi, ya sa masa suna Wannan Ba Fim Ba Ne, aka kai shi Cannes a cikin filas. A 2015 ya zama direban tasi da kyamara a gaban mota, fim ɗin ya ci babbar kyautar Berlin, 'yar 'yar'uwarsa ce ta hau ta karɓa tana kuka. A farkon 2012 aka rufe Gidan Silima, ƙungiyar ƙwadagon 'yan fim, sai a 2013 bayan zuwan Hassan Rouhani aka buɗe. A daidai wannan tsakanin Asghar Farhadi ya ɗauko wa Iran Oscar ta farko da fim ɗin Rabuwa. Shi Farhadi a cikin gida ya zauna, ya koyi tafiya a kan siraɗi: an taɓa janye masa izinin ɗaukar wannan fim saboda ya yi fatan alheri ga Panahi da Makhmalbaf a bainar jama'a, sai da ya ba da haƙuri. Ya mai da kyamara cikin ɗaki, amma kullum da baƙo a gidan ko wani na shirin fita, don mayafin ya samu dalili. Fitowar da 'yar aiki ke buga waya tana tambayar malami ko zunubi ne ta wanke tsohon da ya yi fitsari a wando ta fi dogon jawabi bayyana ƙasar. Ya sake cin Oscar a 2017, ya ƙi zuwa saboda dokar Donald Trump ta hana Iraniyawa shiga Amurka, hukuma ta yi ta murna da mutumin da jiya take harara.

Mutuwar Mahsa Amini a hannun 'yan sandan ɗa'a ranar 16 ga Satumba 2022 ta kai zancen inda ya faro, kan mace. Fitacciyar jaruma Taraneh Alidoosti ta sa hotonta ba mayafi, aka tsare ta a Disamba. Daraktoci da dama suka daina neman izinin Ershad kwata-kwata, tunda kyamarar zamani ba ta buƙatar ɗanyen fim daga hannun gwamnati, kuɗi kuma ana iya samowa daga Turai. Maryam Moghaddam da Behtash Sanaeeha suka nuna tsohuwa 'yar shekara 70 a gidanta kai a buɗe, tana rawa da baƙo, aka ƙwace musu fasfo kafin bikin Berlin na 2024. Mohammad Rasoulof ya ɗauki nasa a ɓoye, aka yanke masa shekara 8 da bulala, ya tsallaka duwatsun iyaka a ƙafa. Shi kuwa Mehrjui mai Saniya, wanda Shah ya hana fim ɗinsa, ya kuma yi ta rigima da Ershad har tsufansa, an tsinci gawarsa da ta matarsa a gidansu kusa da Karaj a Oktoba 2023, an daddaɓa musu wuƙa. Kotu ta ce tsohon ma'aikacin gidan ne da abokansa.

A Mayu 2025 Panahi, wanda ya sake zaman kurkukun Evin daga Yuli 2022 zuwa Fabrairu 2023 har sai da ya yi yajin cin abinci, ya ci kambun Cannes da fim ɗin da ya ɗauka a titunan Tehran ba izini, matan da ke cikin fim ɗin wasu da mayafi wasu babu, kamar yadda titin yake a yanzu. Ya hau jirgi ya koma gida. Da lokacin Oscar ya zo, kwamitin da ke zaɓar wa Iran fim yana ƙarƙashin gidauniyar Farabi, kuma ba ya duba fim marar takardar Ershad. Fim ɗin Rasoulof da sunan Jamus ya shiga gasar, na Panahi da sunan Faransa.